Ranar da Bushiya Ta Nemi Ganin An

An yi wani alƙali a garin Tafkin Gawo, sunansa Zalɓe. Dogo ne siriri, kuma duk jikinsa babu abin da yake taƙama da shi kamar wuyansa. Kullum da safe sai ya wanke shi a bakin tafki, ya miƙe shi sama, ya ce wa masu ɗiban ruwa, "Ku duba da kyau. Shekara da shekaru ina shari'a, amma wuyan nan babu alhakin ko ƙuda a kansa."

Ba ƙarya yake ganin yana yi ba, dabara ce da shi. Tunda ya hau buzun alƙalanci bai taɓa cewa "na yanke" ba. Sai dai ya lumshe ido ya ce "an yanke", ko "an duba", ko "an ga ya dace". In ya gama ya tafi kamun kifi, ya ci ya ƙoshi, ya yi barcinsa har da minshari.

A garin akwai Zabuwa, mai baki kamar kasuwa, wadda in ranta ya ɓaci sai kowa ya sani. Akwai kuma maƙwabciyarta Bushiya, wadda Allah bai ba ta iya kwana-kwana a magana ba. In ka tambaye ta abu, yadda yake za ta faɗa maka, ko da a kanta zai ƙare.

Dokar garin ita ce, duk wanda ya sha ƙwan maƙwabcinsa, to ɗa ya kashe, kuma hukuncinsa rijiya. Amma mutanen Tafkin Gawo masu tausayi ne ƙwarai, ba sa son a ce wane ya tura wane. Saboda haka suka samo doguwar azarar giginya, suka ɗora tsakiyarta a kan dutsen da ke bakin tsohuwar rijiyar bayan gari. Gefe ɗaya yana kan ƙasa, ɗayan yana reto a kan bakin rijiya.

Ranar hukunci sai jama'a su hau gefen ƙasa su danne shi. Mai laifi ya taka da ƙafarsa har ƙarshen ɗaya gefen, a tura reshen sarƙaƙiya a bayansa don kada ya dawo. Daga nan Kwaɗo, sanƙiran kotu, ya kumbura wuya ya ce, "An tashi." Sai kowa ya diro a lokaci guda, ya kama hanyar gida ba waiwaye.

To, wa ya kashe wani? Babu. Shi mai laifi da ƙafarsa ya tafi. Su jama'a tashi kawai suka yi, kuma ai ba a hana mutum komawa gidansa. Shi kuwa alƙali ko azarar ba ya takawa, a gefe yake tsayawa cikin inuwa yana gyara fukafukai.

Bara waccan haka aka yi wa Kurege, da aka ce ya sha ƙwan Agwagwa. Bayan 'yan makonni sai ga 'yan agwagi sun fito daga cikin ciyawa suna bin uwarsu a layi. Ashe mantawa ta yi da inda ta saka ƙwan. Da labari ya kai wa Zalɓe, sai ya girgiza dogon wuyansa ya ce, "An yi kuskure. Allah ya jiƙan wanda aka rasa." Jama'a suka ce amin, magana ta ƙare.

Wata rana da hantsi sai ga Zabuwa ta faɗo kotu tana kururuwa, fukafukanta a baje.

"Allah ya gafarta Malam, an cuce ni. Ƙwaina guda ya gangaro daga sheƙa, kafin in dawo daga kiwo sai ɓawo na tarar. Kwana kaɗan ya rage ya ƙyanƙyashe. Har motsinsa ina ji."

Zalɓe ya ce, "Wa ake zargi?"

"Wa kuwa, in ba wannan mai kama da kwandon ƙaya ba? Ga sawunta nan har ƙofar raminta."

Aka kirawo Bushiya. Jama'a suka cika gindin gawon da ake zaman kotu, kowa yana jiran ya ji irin rantsuwar da za ta yi, don an saba masu laifi su yi ta kewaye-kewaye har rana ta yi tsaka.

Zalɓe ya ce, "An ce an sha ƙwai a unguwarku."

Bushiya ta ce, "Ba an sha ba ne, Malam. Ni na sha."

Kwaɗo ya buɗe baki ya manta bai rufe ba. Kalmar "ni" ba ta taɓa shiga kotun nan ba, har wasu suka ji ta kamar ashar.

Bushiya ta ci gaba. "Yunwa ce ta kama ni, na gan shi a kan hanya. Na san na Yaya Zabuwa ne, ba zan ce ban sani ba. Tun da na haɗiye shi ban sake jin daɗin raina ba."

Zabuwa ta yi tsalle. "Kun ji ko? Ko kunya ba ta ji. Kuma kada ki sake ce min Yaya."

Zalɓe ya lumshe ido yadda ya saba. "An ji ƙara, an ji amsa. An duba doka. An yanke cewa gobe da safe za a kai Bushiya rijiya."

Jama'a suka amsa baki ɗaya, "A kai ta."

Washegari gari ya fita ƙwansa da kwarkwatarsa. Wasu har da guzurin gyaɗa suka zo. Aka hau azara aka danne, Zabuwa a sahun gaba. Bushiya ta taka a hankali har ƙarshe, don tsoro kam ta ji shi. Aka tura sarƙaƙiya a bayanta, irin wadda ko ita mai ƙaya ba ta isa ta ratsa ba.

Al'adar garin ce a ba mai tafiya damar roƙo guda. Yawanci ruwa suke roƙo, ko a kula musu da 'ya'ya. Kwaɗo ya ce, "Bushiya, in akwai roƙo a yi shi, rana tana yi."

Bushiya ta juyo ta dubi jama'a. "Roƙona ɗaya ne. Na ɗauki ran ɗan wata, alhakinsa yana wuyana, na sani. Ba na so in tafi in bar wani da irin wannan nauyin. Ina so in yafe wa wanda zai kashe ni. Ku nuna min shi."

Kwaɗo ya yi dariya. "Wa ya ce miki wani zai kashe ki? Hukunci ne aka yanke."

"To, shi wanda ya yanke ɗin."

"An yanke, aka ce miki."

"Na ji. Shi An ɗin nake nema. Tun ina yarinya nake jin sunansa. Shi ya yanke wa Kurege, shi ya yi kuskure, yau kuma shi ya yanke min. Ban taɓa ganinsa a kasuwa ba, ban taɓa ganinsa a wurin suna ko zaman makoki ba. Wane ne An? Ɗan gidan wa ne?"

Jama'a suka fara gunaguni. Daga cikin inuwa Zalɓe ya yi tsaki. Abin da ya fi ƙi a duniya shi ne jahilci, abin da ya fi so kuwa shi ne a ba shi fili ya warkar da shi.

"A matsa, a matsa," in ji shi. "Za a yi wa wannan baiwar Allah bayani kafin ta tafi, kada ta mutu da duhun kai."

Ya duba ya ga in ya tsaya a ƙasa na baya ba za su ga wuyansa ba. Sai ya buɗe fukafukai ya dira a kan azara, can ƙarshen gefen jama'a, inda bai taɓa sa ƙafa ba. Ya ɗaga baki sama, ya rufe ido, ya fara.

"An, ya ku jama'a, ba mutum ba ne kamar ni da ku. An ya girmi kakanninmu. An ba shi da gida, ba shi da fuska, ba ya cin abinci. An shi ne doka, doka kuwa ita ce An..."

Duk wanda ya san Zalɓe ya san in ya kama irin wannan bayani, sai tuwo ya huce a yi ɗumame bai kai rabi ba.

Yana cikin yi, Bushiya ta dubi wanda ya fi kusa da ita ta ce a hankali, "Baba Kunkuru, ko kai ne An? In kai ne, na yafe maka."

Kunkuru ya zabura, abin da ba a taɓa gani ba. "Ni? Haba 'yar nan. Ni da uwarki muka yi wasan ƙasa. Wuri na samu na ɗan zauna, bayana ke ciwo." Ya sulale ya sauka. Azara ba ta motsa ba, don akwai sauran jama'a a kai.

"Inna Agwagwa, ke ce?"

Agwagwa ta sunkuyar da kai. Tun abin da ya sami Kurege ba ta cika son a kira sunanta a bakin rijiyar nan ba. "Na bar yara su kaɗai a gida," in ji ta, ta diro.

"Gafiya?"

"Kallo na zo."

"Ƙadangare?"

"Rana nake sha. Ga wani dutse can ma ya fi ɗumi."

Haka ta yi ta bin su da suna, tana duban kowa a ido. Kowa ya lura cewa in ka sauka alhali akwai wasu a kai, ba ka kashe kowa ba. Na ƙarshe ne zai shiga uku. Sai aka fara rige-rigen sauka cikin natsuwa, kowa yana sanɗa kada ya katse wa Malam bayani. Kwaɗo da ya ga an kusa zuwa kansa, ko jira a tambaye shi bai yi ba.

Saura Zabuwa. Suka dubi juna ita da Bushiya.

"Yaya Zabuwa, in ke ce, kina da gaskiya. Ba sai na yafe miki ba ma."

Zabuwa ta dubi rijiya, ta dubi Bushiya, ta ja ƙafa ta sauka.

Azara ta ɗan yi ƙara, ta ɗaga kaɗan, ta tsaya.

"...saboda haka," in ji Zalɓe, "duk mai hankali ya gane cewa An ba ya ganuwa." Ya buɗe ido don ya karɓi yabo.

Babu kowa a kan azara sai shi. Jama'a suna can gindin wata tsamiya sun yi cirko-cirko. A ɗaya ƙarshen ga Bushiya a zaune, ƙananan idanunta a kansa.

"Sannu, An," in ji ta. "Ashe kai ne. Na yafe maka."

Zalɓe ya ɗaga fukafukai zai tashi, azara ta yi sama da shi, Bushiya ta zame har ƙafarta guda ta leƙa rijiya. Ya yi maza ya koma ya danne.

"A zo a hau," in ji shi da muryar kotu.

Jama'a suka dubi juna. Ba wanda ake kira A a cikinsu.

"An ce a zo a hau!"

Daga gindin tsamiya Gafiya ya amsa da ladabi, "An ji, Allah ya gafarta Malam. Ana zuwa."

Ba a zo ba.

"Kwaɗo, kai fa? Ba aikinka ba ne?"

"Aikina in ce an tashi, ranka ya daɗe. In faɗa?"

"Kada ka kuskura."

Rana ta ɗaga, inuwa ta gudu. Azara ta yi zafi har tana ƙona tafin ƙafa. Zalɓe ya ɗaga ƙafa ɗaya ya huta, ya sauke, ya ɗaga ɗayar. Daga inda yake yana hango kifi suna tsalle a tafki, cikinsa yana kuka. Dokar tana nan yadda take, hukuncin ma yana nan. Abin da ya rage kawai ya taka ƙasa, taki ɗaya, irin wanda yake yi sau dubu a yini. Ƙafar ta ƙi.

Ya juya wajen Zabuwa, muryarsa ta yi laushi. "Ke ce mai ƙara. Zo ki hau in sauka, sai ki ƙarasa abinki."

Zabuwa ta ce, "Ni ƙara na kawo, Malam. Da ka ce an yanke, na ɗauka akwai wani can da zai yi, ni in koma gida in yi kukana. Ba ka gaya min da ƙafata za a yi ba."

"To kin yafe mata ke nan?"

"Ban yafe ba. Ɗana ta sha. In na tuna motsin nan da nake ji a cikin ɓawo, ji nake kamar in tsattsage ta. Amma na tsaya a kan itacen nan ta kira sunana, na ji ba zan iya ba. Kai da ka iya, bismilla."

Can sai Bushiya ta ce, "Malam, in ka gaji ka sauka, ba zan riƙe ka ba. Sai dai ka ba ni saƙo. Kurege yana ƙasa, kuma na san zai tambaye ni labarin gida. In ce masa me? An gaishe shi?"

Ba da gatse ta faɗa ba, ita tambaya take yi tsakani da Allah. Shi ya sa maganar ta shige shi. Ya tuna Kurege a daidai wurin da Bushiya take zaune, yana rantsuwa yana kuka, shi kuwa yana cikin inuwa yana cire wani ɗan datti daga fiffikensa. Dogon wuyan nan da bai taɓa lanƙwasa a gaban kowa ba ya sauko a hankali, kamar an rataya masa dutsen niƙa.

Ya yi magana, ba a ji ba.

Kunkuru ya ce, "Malam, a ɗan ɗaga murya."

"Na ce ni ne. Ni na yanke wa Kurege. Ban aika an duba ciyawar ba, don ina sauri in tafi kamun kifi. Ni na yanke wa Bushiya jiya. Kuma ba zan iya sauka ba. Na janye hukuncin. Ni, Zalɓe, na janye. Ku taimake ni in ciro ta."

Janyewa da baki ba ta cire sarƙaƙiya. Dole wani ya taka har can ya ɗauke ta, kuma dole wasu su danne wannan gefen. Jama'a suka tsaya kallon-kallo, kowa yana jiran a fara.

Zabuwa ce ta fara. Ta zo tana ƙunƙuni ta hau, ta juya wa Bushiya baya. "Kada wani ya ce na yafe," in ji ta. "Hawa kawai na yi." Agwagwa ta biyo ta, sai Kunkuru, sai sauran.

Zalɓe ya taka azara a hankali har ƙarshe. Ya sa baki ya fizge sarƙaƙiya, ƙaya ta yage shi a wuya, ya jefa ta rijiya. Aka daɗe ba a ji ƙarar faɗuwarta ba. Bushiya ta raɓa ta tsakanin ƙafafunsa ta wuce.

Kafin ya biyo ta sai ya ɗaga kai, ya ga garin daga inda masu laifi suke ganinsa. Daga inuwa, taro yake gani. Daga nan kuwa ga Kunkuru, ga Agwagwa, ga Gafiya da ɓawon gyaɗa a baki, kowa da fuskarsa, kowa da sunansa, kowa da ƙafafunsa a kan itace. Ya duba iya dubawa bai ga An a cikinsu ba. Haka Kurege ya gan su.

Ba a bar Bushiya haka nan ba, don laifi ta yi. Zabuwa da bakinta ta faɗi abin da take so: duk lokacin saka, Bushiya ta kwana ta yini a bakin sheƙarta, ta baje ƙaya, kada maciji ko ɓera ya matso. Bushiya ta ce, "Na yarda." Tana yi har yau. Zabuwa ba ta amsa gaisuwarta, amma tun daga lokacin ƙwanta ko ɗaya bai sake ɓata ba.

Da yamma a dandali, sai ga kalmar "ni" ta yi arha a Tafkin Gawo. Kunkuru ya ce, "Ni na fara sauka, ku tuna." Gafiya ya ce, "Ni dama tun farko raina bai kwanta da hukuncin nan ba." Kwaɗo ya ce, "Ni fa na ƙi cewa an tashi. Da na faɗa, da yanzu wani zancen ake."

Zalɓe bai je dandali ba. Ya naɗe buzunsa ya mayar wa gari, bai sake zama a kai ba. Tabon ƙayar yana nan a wuyansa, ya daina miƙe shi don a gani. In kun je bakin ruwa za ku same shi tsaye shi kaɗai a kan ƙafa ɗaya, ya daɗe bai motsa ba, kamar mai tsoron in ya taka ƙasa wani zai faɗa.

Azarar kuwa tana nan a bakin rijiya. An ce za a cire ta.

Darasin wannan labari shi ne, rai ba ya fita a hannun "an". Duk inda aka yanke wa wani mutuwa, akwai bakin da ya faɗa, akwai ƙafafun da suka danne itace, akwai waɗanda suka zo kallo da gyaɗarsu, kuma kowannensu yana da wuyan da zai ɗauki rabonsa. Mai laifi ya cancanci hukunci, wanda aka cuta ya cancanci a share masa hawaye, amma hukuncin da ba a iya dawo da shi ba abin faɗa da ido a rufe ba ne. Kafin ka bi taro ka ce "a kashe shi", ka tsaya kai kaɗai ka gwada cewa "ni zan kashe shi", ka ji ko ƙafarka za ta yarda ta sauka.